Jiya Ta Wa Ce? Tsokaci a Kan Majuyin Lokaci

Gabatarwa

Hausawa kan ce da na sani ƙeya ce. Ƙeya a jikin mutum take, yana iya kai hannu ya shafa ta, amma ba zai taɓa waiwayawa ya gan ta a gabansa ba. Haka jiya take ga ɗan Adam. Yana ɗauke da ita duk inda ya nufa, wani lokaci har ta hana shi barci, amma ba shi da ikon sauya mata ko da wasali ɗaya. Da wuya a sami baligi mai hankali wanda bai taɓa cewa a ransa ina ma a mai da ni jiya ba. Ɗalibin da ya faɗi jarrabawa ya faɗi haka. Direban da ya banke yaro a hanya ya faɗi haka. Mijin da ya furta saki cikin fushi shi ma ya faɗi haka.

Wannan tsohon buri shi ne marubutan ƙagaggun labarai suka sassaƙa wa jiki. A shekarar 1895 wani marubuci ɗan Ingila, H. G. Wells, ya fito da littafinsa The Time Machine, inda ya ƙago wata na'ura mai sirdi da marfuna wadda ake hawa a ratsa zamani kamar yadda ake hawan doki a ratsa daji. Tun daga nan na'urar ta yi ta ƙanƙancewa a hannun marubuta, har ta zama abin da za a iya ratayawa a wuya ko a jefa a aljihu. Mafi shahara cikin irin waɗannan ƙananan na'urori ita ce wadda J. K. Rowling ta ƙaga a duniyar Harry Potter, wadda a nan za mu kira Majuyin Lokaci.

Tambayar da ke gabanmu ita ce: da za a damƙa wa mutum wannan abu a tafin hannunsa, shin daidai ne ya juya shi don ya goge abin da ya wuce? Matsayin wannan maƙala shi ne ba daidai ba ne, domin jiya ba mallakar mutum ɗaya ba ce, kuma abin da ke warkar da ita yana nan tare da mu tun ba a yi tunanin wata na'ura ba.

Siffar Majuyin Lokaci da Dokokinsa

Majuyin Lokaci ya fara bayyana ne a littafi na uku na jerin labaran, wato Harry Potter and the Prisoner of Azkaban, wanda aka buga a 1999. Ɗan ƙaramin agogon rairayi ne da aka rataya a jikin wata siririyar sarƙar zinariya mai tsawo. Duk juyi ɗaya da aka yi masa yana mai da wanda ke sanye da sarƙar baya da awa 1. Wadda aka ba wa shi ɗaliba ce, Hermione Granger, yarinya mai tsananin ƙwazo da ke ajin shekara ta uku a makarantar sihiri ta Hogwarts. Ta zaɓi darussa da yawa har wasu suna cin karo da juna a jadawali, don haka malamarta, Farfesa McGonagall, ta yi ta rubuta wasiƙu zuwa Ma'aikatar Sihiri har aka amince a ba ta aronsa. Sharaɗi biyu aka gindaya mata: kada ta yi amfani da shi sai don karatu, kuma kada ta faɗa wa kowa. Akwai kuma babbar doka ga duk wanda ya koma baya, ita ce kada ya bari a gan shi, domin an ce masu sihiri da dama sun kashe kansu da kansu bisa kuskure sa'ad da suka yi kiciɓis da kansu na jiya ko na gobe.

Kafin mu ci gaba, ya kamata mai karatu ya san inda ilimin kimiyya ya tsaya, don kada a gauraya tatsuniya da gaskiya. Tun 1905 Albert Einstein ya nuna cewa lokaci ba ya tafiya daidai wa daida ga kowa, yana rage sauri ga abin da ke gudu. A 1971 wasu masana biyu a Amurka, Hafele da Keating, sun ɗora agogunan atam a jiragen fasinja suka zagaya duniya da su, da suka dawo aka tarar sun saɓa da na ƙasa da ɗan abin da bai kai kashi 1 cikin miliyan na daƙiƙa ba. Ke nan tsallakawa gaba abu ne mai yiwuwa, ko da yake ɗan kaɗan ne. Amma komawa baya babu wanda ya taɓa nuna ta a aikace. Stephen Hawking ya kawo hasashe a 1992 cewa dokokin halitta da kansu sun toshe wannan ƙofa. A 2009 har liyafa ya shirya a Kambirij don matafiya daga zamani mai zuwa, bai aika da goron gayyata ba sai bayan an tashi, kuma ba wanda ya zo.

To, in haka ne, mene ne amfanin ɓata tawada a kan abin da babu shi? Amfaninsa shi ne irin amfanin da ke cikin tatsuniyar Gizo. Ba wanda ya taɓa ganin gizo ya yi magana da sarki, amma ta bakinsa muke auna wayo da haɗama da butulci. Majuyin Lokaci ma'auni ne na abin da ke zuciyar mutum game da laifinsa da asararsa.

Tsakanin Layar Zana da Majuyin Lokaci

Abu na farko da ya kamata a lura da shi shi ne ƙanƙantar wannan na'ura. Ta Wells babba ce, tana ɗakin gwaje-gwaje, har baƙi ya gayyato suka gan ta. Ta Hermione kuwa a ƙarƙashin riga take. Shekara guda tana yawo da ita, aminanta biyu, Harry da Ron, suna tare da ita dare da rana ba su sani ba. Abin da ya shiga aljihu ya kuɓuce wa idon jama'a, kuma duk ikon da ya kuɓuce wa idon jama'a abin tsoro ne.

Masana falsafa sun daɗe da sanin wannan. A kashi na 2 na littafin Jamhuriya na Aflatun an kawo labarin wani makiyayi a ƙasar Lidiya wanda ya tsinci zobe a cikin wani rami da girgizar ƙasa ta buɗe. In ya juya kan zoben zuwa cikin tafinsa sai ya ɓace wa idon mutane. Bai daɗe ba ya yaudari matar sarki, ya kashe sarkin, ya haye gadon sarauta. Mai ba da labarin yana so ya nuna cewa yawancin mutane tsoron kamu ne ke sa su adalci. Mu ma a ƙasar Hausa muna da labarin layar zana, wadda ake cewa mai ita kan ɓace in an rutsa da shi, kuma kowa ya san ba limamai da alƙalai aka fi jingina wa neman ta ba.

Majuyin Lokaci ya fi zoben makiyayi da layar zana haɗari nesa ba kusa ba. Su suna ɓoye mai laifi ne kawai, laifin yana nan a fili. In ɓarawo ya ɓace, mai kaya ya san an yi masa sata, zai yi kururuwa, maƙwabta su fito, a bi sawu. Majuyin Lokaci kuwa laifin kansa yake ɗaukewa daga doron ƙasa. Babu wanda zai kai ƙara, domin babu wanda ya san an cuce shi.

Akwai misali mai kyau na wannan a wani wasan kwamfuta da kamfanin Ubisoft ya fitar a 2003, mai suna Prince of Persia: The Sands of Time. A nan na'urar wuƙa ce mai ɗauke da rairayin sihiri, wadda ke mai da lokaci baya da 'yan daƙiƙoƙi. A ƙarshen labarin Yarima ya mai da duniya gaba ɗaya zuwa daren da fitina ba ta fara ba, sai ya zama Gimbiya Farah, wadda suka sha wahala tare har suka shaƙu, ba ta ma san shi ba. Ya sumbace ta ba da yardarta ba, ta ture shi cikin fushi, sai ya danna wuƙa ya goge abin da ya faru, ya tsaya a gabanta tamkar mutumin kirki. An shirya wannan wuri ne don raha, amma mai tunani zai ga abin da ya fi ƙarfin dariya. Yarima ya yi abin da ya ga dama, kuma yana tune da shi. Ita kuwa an raba ta da fushinta, an raba ta da sanin ko wane irin mutum ne ke gabanta. An cuce ta sau biyu, cuta ta biyu ta binne ta farko.

Daga nan za mu ga cewa goge laifi da gyara laifi ba abu ɗaya ba ne. Mai gyara yakan je gaban wanda ya ɓata wa, ya sunkuyar da kai. Mai gogewa kuwa kansa yake tserarwa daga kunya, ya bar zuciyarsa yadda take.

Gonar Gandu

Hujja ta biyu ta fi ta farko zurfi. Ko da mai riƙe da Majuyin Lokaci ba shi da laifin da yake son ɓoyewa, ko da niyyarsa fara ce tas, jiyar da zai taɓa ba tasa ba ce shi kaɗai. Jiya kamar gonar gandu take, kowa a gidan ya zuba guminsa a ciki, kowa daga ita yake ci. Awar da ka yi asara a cikinta, a cikinta wani ya sami aiki, wata ta haihu lafiya, wasu biyu da suka shekara ba sa ga maciji suka shirya. In ka juya agogo don ka dawo da naka, da izinin wa ka kwashe nasu?

Rowling da kanta ta hango wannan rami. A littafi na biyar, wanda ya fito a 2003, ta sa aka farfasa dukkan Majuyan Lokaci da ke ajiye a Ma'aikatar Sihiri a cikin wani artabu, kuma daga baya ta bayyana cewa ta yi haka ne da gangan don ta rufe ƙofar da ta buɗe ba tare da dogon tunani ba. Amma a 2016 aka sake buɗe ƙofar a wasan kwaikwayon Harry Potter and the Cursed Child, wanda Jack Thorne ya rubuta, aka fara nuna shi a Landan. A cikinsa wani tsoho, Amos Diggory, ya zo yana roƙon Harry ya koma baya ya ceto ɗansa Cedric, saurayin da aka kashe ba da haƙƙinsa ba fiye da shekara 20 da suka wuce. Harry ya ƙi. Sai ɗansa Albus da abokinsa Scorpius suka sato wani Majuyi mai iya kai mutum shekaru baya, suka tafi yin abin da suke gani alheri ne.

A tafiyar farko sun yi ɗan abu kaɗan, sun raba Cedric da sandarsa a wata gasa don kada ya kai ga inda ajalinsa yake. Da suka dawo suka tarar Ron da Hermione ba su yi aure ba, 'yarsu Rose kuwa ba a ma haife ta ba. A tafiya ta biyu suka kunyata Cedric a gaban jama'a. Ya rayu, amma wulaƙancin ya sa ya zama mugu, ya shiga rundunar azzalumi Voldemort, ya kashe mutumin da nasarar yaƙi ta rataya a kansa. Sai ga duniyar da azzalumi ke mulki, Harry ya mutu, Albus kansa babu shi. Garin neman gira an rasa ido.

Wani zai ce ai wannan dabara ce ta marubuci, ya ga dama ne ya sa abin ya ɓaci, da ya so da ya sa ya gyaru. Gaskiya ne. Amma batun Rose ba dabara ba ce, lissafi ne. Masanin falsafa Derek Parfit ya yi bayani a littafinsa na 1984 cewa samuwar kowane mutum ta rataya ne a kan haɗuwar iyayensa a daidai lokacin da suka haɗu. Da an sami saɓani na wata guda, da wani ne aka haifa ba shi ba. Saboda haka duk wanda ya sauya wani babban al'amari na shekarun baya, ya sauya wa zai haɗu da wa, ya kuma sauya waɗanda za a haifa. Bai zub da jinin kowa ba, amma ya share mutane masu suna da dangi da buri.

Mu ɗauki ƙasarmu misali. Da za a kawo wannan na'ura Nijeriya a ce a zaɓi rana ɗaya da za a gyara, wani zai ce a koma 15 ga Janairun 1966, wani ya ce a'a, 29 ga Yulin wannan shekara, wani ya ce a hana yaƙin basasar 1967 zuwa 1970, wani kuma ya ce tun daga haɗewar 1914 za a warware. Kowanne yana da gawar da yake kuka a kanta, kuma kukansa gaskiya ne. Amma na'urar ɗaya ce, hannun da zai juya ta ɗaya ne. Sannan mafi yawan 'yan Nijeriya da ke raye an haife su ne bayan 1970. Duk ranar da aka zaɓa, su ne kuɗin da za a biya, kuma ba za a tambaye su ba.

Hujjar Masu Cewa a Juya

Adalci ne a saurari ɗaya ɓangaren, domin hujjarsu ba ta da rauni. Za su ce: uwar da mota ta take ɗanta awa 1 da ta wuce fa? Ba a haifi kowa a sanadin mutuwarsa ba, ba abin da ya ginu a kanta tukuna. In tana da Majuyi a wuyanta ta ƙi juyawa, wannan tawakkali ne ko rashin imani? Ashe ba ceton rai ne mafi girman aikin alheri ba? Kuma ai a labarin 1999 ɗin ma da wannan na'ura aka ceci rayuka biyu.

Babu mai zuciya a ƙirji da zai zargi wannan uwa. In da za a tsaya a kanta ita kaɗai, da awa ɗaya tak, da gardama ta ƙare. Sai dai na'ura ba ta san uwa ba, ba ta san azzalumi ba, duk wanda ya riƙe ta shi take yi wa aiki. Wanda ya halatta ta ga uwar ya halatta ta ga direban da ke son goge shaida, da ɗan caca, da mai mulkin da ya faɗi zaɓe. In kuma aka ce hukuma za ta tsare ta, sai mu tuna cewa a cikin labarin ita wannan Ma'aikatar Sihiri da ke ba da izini ita ce ta ɗaure Sirius Black shekara 12 ba tare da shari'a ba. Ta ba yarinya aron lokaci don ta ƙara darasi, ba ta taɓa tunanin amfani da shi don gano gaskiyar wanda ta ɗaure ba.

Game da rayuka biyun da aka ceta kuwa, yana da kyau a sake duba yadda abin ya gudana. An yanke wa wata dabba mai suna Buckbeak, mai kan gaggafa da gindin doki, hukuncin kisa. Shi kuma Sirius an kama shi ana shirin miƙa shi ga dodannin kurkuku su zuƙe masa rai. Shugaban makaranta, Dumbledore, ya yi wa Hermione ishara da juyi 3. Suka koma baya ita da Harry, suka kwance dabbar, suka tserar da Sirius a bayanta. Amma mai karatu mai lura zai gane cewa ba su sauya komai ba. Tun farko ba a kashe Buckbeak ba. Sun ji ƙarar gatari daga nesa suka ɗauka an sare shi, alhali hauni ne ya kai wa shinge sara don haushin dabbar ta tsere. Abin da suka je yi, dama sun riga sun yi shi. Jiya ba ta motsa ba, fahimtarsu ce ta motsa.

Wurin da ya fi kowane ma'ana shi ne bakin tafki. A karon farko dodanni sun kewaye Harry har ya kusa halaka, sai wani daga ɗaya gaɓar ya aiko da barewa ta haske ta kore su. Harry ya hango mutumin dishi-dishi ya ɗauka mahaifinsa ne da ya rasu tun yana jariri. Da ya komo karo na biyu sai ya laɓe a bakin tafkin yana jiran uban ya bayyana. Ya jira, ya jira, ba wanda ya zo. Can sai ya gane cewa kansa ya gani. Ya fito daga maɓoya ya yi abin da ya kamata. Darasin da ke nan ya fi na'urar daraja: mai ceton da kake jira daga jiya ba zai zo ba, kai ne a tsaye a wurin, kuma lokacin yanzu ne.

Hali Zanen Dutse

Akwai wata tambaya da masu burin komawa baya ba su cika yi wa kansu ba. In an mai da kai, wa zai koma? Kai ne dai, da zuciyarka da kwaɗayinka da kasalarka. Ɗalibin da ya kwashe zango guda yana yawo, in an ba shi daren jarrabawa sau goma, abin da zai koya shi ne cewa dare ba ya ƙarewa. Alƙur'ani mai girma ya taɓo wannan a Suratul Muminun, inda ya ba da labarin mai roƙon a mai da shi duniya sa'ad da mutuwa ta zo masa don ya aikata na gari, aka ƙi. A Suratul An'am kuma aka bayyana cewa irin waɗannan ko an mai da su, abin da aka hana su za su koma wa. Abin lura ne kuma cewa Ashabul Kahfi, waɗanda suka yi barcin shekara 309, gaba aka kai su. Ba a mai da su baya don su sauya sarkin da ya tsananta musu ba.

Ita kanta Hermione shaida ce. Ba ta yi amfani da na'urar don mugunta ba, karatu ta nema. Amma ƙarin awoyi bai ƙara mata ƙarfin jiki ba. Ta rame, ta zama mai saurin fushi, har ta yi barci ta rasa darasi. A ƙarshen shekara ta ajiye wasu darussa, ta mai da Majuyin ga masu shi da hannunta. Ta gane cewa matsalarta ba ƙarancin lokaci ba ce, rashin iya zaɓe ne. Wanda ya ce sai ya haɗiye komai, ko an ninka masa yini sai ya shaƙe.

Har ila yau, nauyin da ayyukanmu ke da shi daga rashin dawowarsu yake. Magana zarar bunu ce, shi ya sa mai hankali ke tauna ta kafin ya furta. Alkawari yana da daraja ne saboda wanda ya ɗauka ba zai iya komawa ya ƙi ɗauka ba. Kyauta tana da daɗi ne saboda mai bayarwa ya rabu da abin har abada. Jarumin da ya san in an kashe shi zai juya agogo, ba jarumi ba ne, ɗan wasa ne. A duniyar da kowane aiki ke da magogi, ba za a sami amana ba, ba za a sami sadaukarwa ba.

Abin da Aka Ba Mu a Madadinsa

To, shi ke nan ɗan Adam ya zama fursunan jiyarsa? A'a. An ba shi abin da ya fi agogon rairayi, wato tuba da yafiya. Malamai, kamar Imam Nawawi a Riyadus Salihin, sun lissafa sharuɗɗan tuba: mutum ya daina laifin, ya yi nadama, ya ƙudurta ba zai koma ba, in kuma laifin ya shafi wani ya mayar masa da haƙƙinsa ko ya nemi afuwarsa. A dubi wannan sharaɗi na ƙarshe da kyau, domin shi ne kishiyar Majuyin Lokaci. Majuyi yana aiki a ɓoye, ba ya neman yardar kowa. Tuba kuwa yana tilasta maka ka taka har ƙofar wanda ka cuta, ka sa hukunci a hannunsa. Majuyi yana ƙwace wa wanda aka zalunta saninsa. Tuba yana mai da masa da mutuncinsa.

Wata masaniyar falsafa, Hannah Arendt, wadda ta tsere wa mulkin Nazi a Jamus, ta isa ga irin wannan matsaya ta wata hanyar. A littafinta na 1958 ta nuna cewa aikin ɗan Adam yana da cuta biyu: ba ya komawa, kuma ba a san inda zai ƙare ba. Maganin ta farko yafiya, maganin ta biyu alkawari. Ta kuma lura cewa duka biyun ba a yin su sai da wani, ba mai yafe wa kansa shi kaɗai a ɗaki.

Tuba ba ya goge abin da ya faru, amma yana sauya matsayinsa a rayuwar mutum. Ƙaryar da ka yi, ka je ka amsa, ka biya abin da ta jawo, ta tashi daga zama tabo ta zama ranar da ka fara gaskiya. Wannan shi ne kaɗai ikon da muke da shi a kan jiya, kuma iko ne da ba ya share kowa daga duniya. Asarar da ba laifin kowa a cikinta kuwa, kamar mutuwar masoyi, maganinta haƙuri da kyautata wa waɗanda suka rage. Wasan kwaikwayon 2016 da haka ya rufe. Harry ya sami kansa a daren 31 ga Oktoban 1981, yana kallon gidan da za a kashe iyayensa, yana da ikon shiga tsakani. Ya tsaya bai motsa ba, domin ya san rayukan da suka ginu a kan wannan dare. Abin da ya rage masa shi ne matarsa da ɗansa da abokansa da suka tsaya tare da shi.

Kammalawa

Mun ga cewa Majuyin Lokaci yana ɓoye laifi daga wanda aka yi wa, yana taɓa gonar da ba ta mai shi kaɗai ba, kuma ba ya sauya halin wanda ya juya shi. Jiya ta kowa ce, shi ya sa ba a bar ta a hannun kowa ba. Amma akwai wata jiya da ke hannunmu, ita ce yau, domin gobe sunanta zai koma jiya. Wanda ke da bashin neman gafara, mai haƙƙin yana raye, ƙofarsa a buɗe take. Wanda ke da littafin da bai buɗe ba, jarrabawa ba ta zo ba tukuna. Ba a fafe gora ranar tafiya. Allah Ya ba mu ikon gyara yau tun ba ta koma ƙeya ba, amin.